Taswira da Mulki: Yadda Aka Ja Iyakar Jibiya

Taswira zane ce da ke nuna siffar ƙasa a kan takarda: inda koguna suka bi, inda duwatsu suke, nisan gari da gari, da inda ikon wata hukuma ya tsaya na wata ya fara. Takarda ba ta iya ɗaukar duk abin da ke doron ƙasa, don haka dole mai zane ya zaɓi abin da zai sa da abin da zai bari, da wurin da zai ajiye a tsakiya da wanda zai tura gefe. A mafi yawan tarihi sarakuna da gwamnatoci da kamfanonin fatauci ne ke ɗaukar nauyin wannan aiki, saboda haka zaɓin yakan bi bukatarsu. Iyakar Najeriya da Nijar, wadda ta ratsa tsakanin Magamar Jibiya a jihar Katsina da Ɗan Isa a jihar Maraɗi, tana cikin wuraren da wannan al'amari ya fi fitowa fili. A teburin shawara na Landan da Paris aka fara jan ta a 1890, aka sauya mata wuri sau uku a kan takarda cikin shekara 16, sannan aka zo aka kafa alamominta a ƙasa.

Taswirorin farko da masu su

A ƙarni na biyu miladiyya, Batlimus na birnin Iskandariyya ya rubuta littafin da ya jera dubban wurare, kowanne da ma'auninsa na tsaye da na kwance. Malaman Bagadaza sun gaji wannan ilimi a zamanin Halifa Ma'amun, a ƙarni na tara, inda Al-Khawarizmi ya gyara ma'aunan ya ƙara wasu. Daula mai faɗi tana bukatar sanin hanyoyin aika saƙo, da garuruwan da ke biyan haraji, da alƙiblar kowane masallaci, shi ya sa fadar halifa ta ɗauki nauyin aikin.

Kowace al'umma takan sa abin da take girmamawa a tsakiyar zanenta. Wasu taswirorin Musulmi sun sa Ka'aba a tsakiya, ƙasashen duniya na kewaye da ita. Taswirorin cocin Turai, irin wadda aka zana wajen 1300 take ajiye a garin Hereford na Ingila, Birnin Ƙudus suka sa a tsakiya, gabas kuma a sama. Da Matteo Ricci ya zana wa masarautar Sin taswirar duniya a 1602, sai da ya matso da ƙasar Sin kusa da tsakiya kafin ta karɓu a fada.

A 1154 Al-Idrisi, haifaffen Sabta a gaɓar Maroko, ya kammala wa Sarki Roger na Biyu na Sisili taswirar da ta fi duk na zamaninta cika. Kudu ya sa a sama, kamar yadda malaman Musulmi suka saba, don haka Afirka ce ke bisa Turai a zanensa. Ya ambaci Gana da Takrur da Gawo da Kanem, ya kuma zana wani babban kogi da ya kira Nilun Sudan. A 1375 kuma masu zane na tsibirin Majorka suka fitar da taswirar da aka zana Mansa Musa na Mali a kanta, zaune kan karaga riƙe da ƙwallon zinariya. Labarin hajjinsa na 1324 ne ya kai wa Turai bayanin arzikinsa, hoton kuma ya nuna abin da ya ja hankalinsu zuwa yammacin Afirka tun farko.

Daga ƙarshen ƙarni na 15 taswira ta tashi daga nuna abin da aka sani ta koma rabon abin da ba a gani ba. A yarjejeniyar Tordesillas ta 1494, Sifen da Fotugal suka ja layi daga arewa zuwa kudu a cikin Tekun Atilantika, yamma da tsibiran Kef Bad, suka ce duk sabuwar ƙasar da ke yammacinsa ta Sifen ce, ta gabas kuma ta Fotugal. Wannan layi ne asalin dalilin da ya sa Barazil ke magana da harshen Fotugal alhali maƙwabtanta na Sifaniyanci. A 1569 Gerardus Mercator ya buga taswirar da ta sauƙaƙa wa matuƙan jiragen ruwa bin kamfas a kan miƙaƙƙen layi. Farashin wannan sauƙi shi ne kumbura ƙasashen da ke nesa da tsakiyar duniya, har Girinland ta yi kamar ta kai Afirka girma, alhali Afirka ta ninka ta kusan sau 14. Mercator don teku ya zana ta, amma da ta shiga azuzuwa da ofisoshi, musamman a daular Ingila inda ake shafa wa yankunan mallaka jan launi, sai ta zama hoton duniya da yara ke tashi da shi.

Ƙasar Hausa a idon na waje

Sunayen biranen Hausa sun shiga taswirorin Turai ne ta littafin Hasan al-Wazzan, wanda Turawa ke kira Leo Africanus, da aka buga a Banis a 1550. Ya yi bayanin Kano da Katsina da Zazzau da Zamfara da Gobir. Kusan shekara 200 masu zane suna kwafar waɗannan sunaye daga juna, suna ajiye su inda suka ga ya dace a gefen wani kogi da suka ɗauka yamma yake gudu. A 1749 Bafaranshe d'Anville ya share duk abin da ba shi da tabbaci a kai daga taswirar Afirka, ya bar tsakiyarta fari fat. Ta fuskar ilimi wannan gaskiya ce, amma farin fili ya haifar da wani tunani a Turai, cewa wuri ne da babu mai shi. An kafa wata ƙungiya a Landan a 1788 don cike wannan fili, ita ce ta aika Mungo Park, wanda ya ga kogin Kwara a Segu a 1796 ya tabbatar gabas yake gudu, ya kuma rasu a Busa a tafiyarsa ta biyu.

Mutanen ƙasar kuwa suna da nasu sanin. Madugu ya san zango nawa ne daga Katsina zuwa Agadas ko Gwanja, da rijiyar da ke ƙafewa da rani, da sarkin da ake biya kuɗin fito, da dajin da ba a shiga sai da rakiya. Alhazan ƙafa sun san hanyar gabas gari bayan gari har Bahar Maliya. Da kwana ake auna nisa, da mutane kuma ake auna mulki: ƙasar sarki ita ce garuruwan da ke kai masa gaisuwa da haraji, suke amsa kiransa ranar yaƙi. Daga bakin irin waɗannan fatake da alhazai, har da Hausawan da aka kai bauta Bahiya ta Barazil, Turawa suka tattara yawancin abin da suka zuba a taswirorinsu na ƙarni na 19.

Katsina biyu da dajin da ke tsakaninsu

Rabuwar Katsina da Maraɗi ta riga zuwan Turawa da kusan ƙarni guda. Wajen 1807 dakarun jihadi ƙarƙashin Malam Ummarun Dallaje suka ci birnin Katsina. Gidan sarautar Haɓe ya yi arewa, aka sake fatattakarsa a Ɗankama, daga baya Ɗan Kasawa ya kafa sabuwar hedikwata a Maraɗi, a bakin gulbi, yana riƙe da sarautarsa ta Sarkin Katsina. Gobirawa ma, bayan kashin da suka sha tare da Maraɗawa a Gawakuke a 1836 a hannun Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, suka zauna a Tsibiri, dab da Maraɗi. Daga nan har ƙarshen ƙarnin ba a daina kai wa juna hari ba, musamman a zamanin Sarkin Maraɗi Ɗan Baskore, wanda ya addabi arewacin Katsina da Zamfara. Sarakunan Katsina kuma suka kafa ribaɗi a garuruwan gefe don tsaron ƙasa.

Abin da ya raba ɓangarorin biyu faffaɗan daji ne da yaƙi ya kore wa mutane, ba siririn layi ba. Faɗinsa na ƙaruwa ko raguwa gwargwadon wanda ke da ƙarfi a wannan shekara. Garin da ke gefe kan kai gaisuwa nan bana, baɗi ya kai can, wani lokaci ya kai duka biyun don ya tsira. Heinrich Barth ya ratsa wannan daji daga Gazawa zuwa Katsina a farkon 1851, ya wuce kufan Ɗankama, ya kuma bayyana fargabar da ayari ke ciki har ya fita. Yankin da Jibiya take, inda gulbin Gada ke gangarawa arewa ya nufi Madarumfa da Maraɗi, yana cikin wannan tsakiya da kowane ɓangare ke da'awa.

Sarakunan wancan zamani sun san darajar bayanin ƙasa. Da Hugh Clapperton ya isa Sakkwato a Maris 1824, burinsa ya gano inda Kwara ke faɗawa. Muhammadu Bello, wanda ya riga ya yi bayanin ƙasashen Sudan a littafinsa Infaƙul Maisuri, ya karɓe shi da karamci, ya ba shi taswira da rubutun Larabci, aka buga ta a Landan a 1826. Daular Sakkwato ce ta cika tsakiyar zanen, an kuma nuna Kwara ta nufi gabas zuwa Masar. Bello bai bar Clapperton ya gangara Yawuri da Nufe ba, shi ya sa masana tarihi da dama ke ganin da gangan aka karkatar da kogin, don kada a nuna wa jiragen Ingila ƙofar shiga daular ta teku. A 1830 'yan'uwan nan biyu, Richard da John Lander, suka bi kogin har bakin teku. Littattafan Barth biyar da suka fito a 1857 da 1858, tare da taswirorin da August Petermann ya zana daga bayanansa, su ne suka zama madogarar jami'an Turai a lokacin rabo, shekara 30 bayan an rubuta su.

Layin 1890 da baka ta 1898

Taron Berlin, daga Nuwamba 1884 zuwa Fabrairu 1885, ya haɗa ƙasashe 14 ba tare da wakilin Afirka ko ɗaya ba. Taron bai ja iyakokin cikin ƙasa ba. Ƙa'idojin da'awa ya shimfiɗa, ya kuma amince da zirga-zirgar jirage a kogunan Kwara da Kwango. Ainihin rabon ya biyo baya ne, ƙasa biyu-biyu. Ko ma'aunin da za a yi rabon da shi sai da aka yi takara a kai. A taron Washinton na Oktoba 1884 aka zaɓi layin da ya ratsa Greenwich a Landan ya zama mafarin ma'aunin duniya, Faransa ta ƙi kaɗa ƙuri'a ta ci gaba da aunawa daga Paris, har ya zama a yarjejeniyoyin iyaka na lokacin akan rubuta ma'auni biyu.

Wajen da'awarta a kan daular Sakkwato, Ingila ta dogara da takardar da Joseph Thomson ya samo a 1885 daga fadar Sarkin Musulmi Umaru, a madadin kamfanin George Goldie, wanda ya zama Kamfanin Neja mai izinin sarauta a 1886. Kamfanin ya fassara takardar a matsayin miƙa ƙasa, abin da Sakkwato ba ta taɓa amincewa da shi ba. A kan wannan da'awa, ranar 5 ga Agusta 1890, Ingila da Faransa suka amince da layi daga Sayi a bakin Kwara zuwa Baruwa a bakin Tafkin Chadi, da sharaɗin a lanƙwasa shi yadda duk abin da ya zama haƙƙin daular Sakkwato zai faɗa ɓangaren kamfani. Firayim Ministan Ingila Lord Salisbury da kansa ya faɗa a wannan shekara cewa suna ta miƙa wa juna duwatsu da koguna da tafkuna ba tare da sun san ainihin inda suke ba.

Sharaɗin ya bar babbar tambaya a buɗe: ina daular Sakkwato ta tsaya? Faransa ta aika Parfait-Louis Monteil, ya bi ta Sayi, ya isa wurin Sarkin Musulmi Abdurrahman a 1891, ya wuce Kano da Kukawa ya fita ta Tarabulus. Ya dawo da hujjar cewa babu wani jami'in kamfanin a Sakkwato ko Kano, kuma Kabi da Gobir da Maraɗi da Damagaram ba sa ƙarƙashin Sarkin Musulmi. Tsohuwar gabar Katsina da Maraɗi ta zama makamin Faransa a teburin ciniki.

Yarjejeniyar Paris ta 14 ga Yuni 1898 ta yi ƙoƙarin yanke maganar da lissafi. An dasa tsinin abin zana da'ira a tsakiyar birnin Sakkwato, aka buɗe shi mil 100, aka zana baka ta arewa. Daga inda bakar ta yanke layin digiri 14, iyaka ta bi wannan layi gabas mil 70, ta sauko kudu zuwa digiri 13 da minti 20, ta yi gabas mil 250, ta sake hawa digiri 14 ta nufi Tafkin Chadi. Bisa wannan zane Birnin Ƙonni da Tsibiri da Maraɗi duk sun faɗa ɓangaren Ingila, Tasawa da Damagaram kuma na Faransa. Da wannan layi ya tabbata, da Jibiya ba ta zama garin kan iyaka ba, da Katsina da Maraɗi suna ƙasa ɗaya a yau.

Ruwa ya tilasta gyara

Layin 1898 bai yi la'akari da rijiyoyi ba. Faransa na son haɗa yankunanta na Kwara da na Chadi, amma hanyar da aka bar mata arewa da bakar Sakkwato fako ce mai ƙarancin ruwa. Rundunar Voulet da Chanoine, da Faransa ta tura Chadi, ta keta layin a 1899 ta shiga ɓangaren Ingila tana ƙwace abinci da ƙona garuruwa. Ta fafata da Sarauniya Mangu a Lugu, ta yi kisan gilla a Birnin Ƙonni, kafin shugabanninta biyu su mutu a hannun sojojinsu kusa da Tasawa a watan Yuli. Ragowar rundunar ta ci Damagaram a wannan shekara. Shekarun da suka biyo baya ayarin gwamnatin Faransa tsakanin Kwara da Damagaram sun sha wahalar hanyar Tawa, har Paris ta matsa lamba a sake zama.

A nata ɓangaren Ingila ta karɓe ikon kamfani ranar 1 ga Janairu 1900, ta naɗa Frederick Lugard a kan Arewa. A lokacin taswira ta riga ta ba ta Kano da Katsina da Sakkwato, alhali ba ta da soja ko ɗaya a cikinsu. Tsoron kada Faransa ta cike gurbin na cikin dalilan gaggawar yaƙin 1903: Kano ta faɗi a Fabrairu, Sakkwato a Maris, Katsina kuma ta miƙa wuya ba tare da faɗa ba a ƙarƙashin Sarki Abubakar. Wato da'awa ce ta riga, mamaya ta biyo ta.

A yarjejeniyar sulhu ta 8 ga Afrilu 1904 ƙasashen biyu suka warware rigingimunsu na duniya a dunƙule. Faransa ta saki tsohon haƙƙinta na amfani da gaɓar tsibirin Niyufanlan, kusa da Kanada, wajen kamun kifi. Cikin abin da aka biya ta da shi akwai tsibiran Los da ke gaban Konakiri, da wani yanki a kogin Gambiya, da gyaran iyaka tsakanin Kwara da Chadi don ta sami hanya mai ruwa. Sabon layin ya wuce 'yan kilomitoci kudu da Maraɗi, aka kuma rubuta cewa wajen shata iyaka a ƙasa za a kula da rabe-raben sarautun da ake da su, a bar wa Faransa mutanen Tasawa da Maraɗi da Damagaram gwargwadon iko. Yarjejeniyar Landan ta 29 ga Mayu 1906 ta sake zana layin dalla-dalla bisa sababbin bayanan 'yan safiyo, ta matso da shi kudu, ta ba Faransa Birnin Ƙonni.

Daga 1906 zuwa 1908 kwamitin haɗin gwiwa ƙarƙashin Kyaftin Jean Tilho na Faransa da Manjo O'Shee na Ingila ya bi layin ƙafa da ƙafa daga Kwara zuwa Chadi. Suna duba taurari don tabbatar da ma'aunin wurare, suna tara sarakuna da dattawa suna tambayar wane gari ke bin wa, wa ya haƙa wace rijiya. Tafintan Faransa Landeroin ya rubuta tarihin sarautun yankin da jerin sarakunansu, aka buga cikin rahoton tawagar. Sarakunan gargajiya ma sun gane abin da ke faruwa, kowanne ya kawo hujjar da za ta faɗaɗa ƙasarsa. An kafa alamomi 148, gwamnatocin biyu suka amince da aikin a Fabrairu 1910. Wannan ita ce iyakar yau, mai tsawon kimanin kilomita 1,500.

Masu bincike irin su Derrick Thom da Camille Lefebvre sun nuna cewa a tsakanin Katsina da Maraɗi layin ƙarshe ya bi tsohuwar rabuwar jihadi fiye da yadda aka saba faɗa. Sabon abin da taswira ta kawo shi ne ta matse daji mai faɗi ya koma zare ɗaya, ta daskarar da rikicin da a dā yake sauyawa da ƙarfin sarakuna, ta kuma ɗaura kowane ɓangare ga wata babbar hedikwata mai nisa.

Abin da layin ya sauya

Da yaƙi ya ƙare, manoma daga kudu da arewa suka shiga dajin tsakiya suna sara suna kafa ƙauyuka, don haka jama'ar kan iyaka ta ƙaru ne bayan an ja ta. Amma mulkin ɓangarorin biyu ya bambanta. Ingila ta riƙe Sarkin Katsina da alƙalansa da baitulmalinsa, musamman daga hawan Muhammadu Dikko a 1906. Faransa ta rage ikon sarakuna, ta mai da su masu tara haraji da ma'aikata a ƙarƙashin kumandan, ta kuma ɗora aikin tilas wanda ba a soke ba sai 1946. Duk lokacin da haraji ko ɗibar mutane ya tsananta, ko yunwa ta faɗo kamar a 1931, ƙauyuka kan kwashe su tsallaka kudu. Makiyayi ma ya koyi duba inda jangali ya fi sauƙi kafin ya zaɓi mashekari.

Tattalin arziki kuwa kudu ya fuskanta. Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, Ƙauran Namoda a 1929, ya zama gyaɗar Maraɗi ta fi saurin kai wa teku ta Najeriya fiye da ta kowace hanyar Faransa. Hanyar mota ta Katsina zuwa Maraɗi ta Jibiya ta zama jijiyar wannan ciniki, aka kafa kwastan a bakinta. Kuɗi ya rabu, nan fam da sule, can tamma da dala. Karatun boko ya rabu, nan Ingilishi, can Faransanci. Fataucin da kakanni suka yi a fili ya sami sabon suna na fasa-ƙwauri idan bai bi ta ƙofar hukuma ba. Daga 1940 zuwa 1942, lokacin da gwamnatin mallaka ta Nijar ke bin gwamnatin Vichy ta Faransa, an tsaurara tsaro a layin kamar tsakanin abokan gaba. William Miles, wanda ya zauna a ƙauyukan 'Yardaje da Yekuwa a yankin Daura, ya nuna a littafinsa na 1994 yadda harshe da addini da auratayya suka ci gaba da haɗa mutane, yayin da makaranta da sarauta da alaƙa da gwamnati suka bi hanya biyu.

Bayan 'yanci

Nijar ta sami 'yanci ranar 3 ga Agusta 1960, Najeriya ranar 1 ga Oktoba. A taron Alƙahira na Yuli 1964 Ƙungiyar Haɗin Kan Afirka ta yanke cewa kowace ƙasa ta mutunta iyakar da ta gada, don gudun yaƙe-yaƙen da sake rabo zai jawo. Da wannan mataki taswirorin mulkin mallaka suka zama shaidar mallakar ƙasa. Su da takardun zamanin aka baje a gaban Kotun Duniya a shari'ar Bakasi ta 2002, da ta Nijar da Benin kan tsibirin Lete a 2005, da ta Nijar da Burkina Faso a 2013. Iyakar Najeriya da Nijar ba ta kai ga irin wannan shari'a ba. Ƙasashen biyu sun kafa hukumar haɗin gwiwa a 1971 mai mazauni a Yamai, a 1990 kuma suka sa hannu a Maiduguri kan rabon ruwan kogunan da suka haɗa su, ciki har da Gada, wanda aka gina madatsar Jibiya a kansa, wanda kuma shi ne ke shayar da fadamar Maraɗi.

Yarjejeniyar ECOWAS ta 1979 ta ba 'yan yankin damar zirga-zirga ba biza. Bambancin naira da sefa, da na farashin fetur da dokokin shigo da kaya, ya mai da layin kansa hanyar samu: shanu da wake na gangarowa kudu, mai da kayan masana'antu na hawa arewa, alhazan Maraɗi kuma suka yi arziki da kayan da ake saukewa a tashar Kwatano a biyo da su ta Nijar. Duk da haka ikon rufewa na hannun manyan birane. An rufe iyakar daga Afrilu 1984 zuwa Maris 1986, aka sake rufe ta daga Agusta 2019 zuwa Disamba 2020 saboda shinkafa da fetur, sannan bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023 a Yamai aka rufe ta har Maris 2024, manyan motoci suka yi jerin gwano a Magama, kasuwannin ɓangarorin biyu suka durƙushe. A Janairu 2025 ficewar Nijar daga ECOWAS ta tabbata. Matsalar 'yan bindiga ma ta nuna fuska biyu ta layin: maharan na tsallaka shi ta daji, dubban iyalai daga Katsina da Zamfara da Sakkwato kuma sun sami mafaka a ƙauyukan Maraɗi tun daga 2019.

Takarar taswira ba ta ƙare ba. A 1973 Arno Peters ya tallata zanen da ke ba kowace nahiya girmanta na gaskiya, a 2018 aka fitar da wani mai suna Equal Earth, a Agusta 2025 kuma Tarayyar Afirka ta goyi bayan kiran a daina amfani da zanen Mercator a makarantu da hukumomi, domin a nuna Afirka da faɗinta na kimanin murabba'in kilomita miliyan 30. A yankin Jibiya kuwa sabon layin da ake ja shi ne na dogo daga Kano ta Katsina da Jibiya zuwa Maraɗi, mai tsawon kilomita 284, wanda aka aza harsashinsa a Fabrairu 2021 aka ba kamfanin Mota-Engil kwangilarsa. Manufarsa ita ce jawo kayan Nijar su bi ta tashoshin ruwan Najeriya, kuma amfaninsa zai dogara ne ga yadda Abuja da Yamai suka daidaita kan buɗe iyakar da aka shata a 1906.